Daga Dokin Lifidi Zuwa Tankar Yaƙi: Abin Da Littattafan Tarihi Suka Faɗa

Duk wanda ya saba bin hanyar da ta taso daga Zinder ta ratsa Matamaye ta nufi Ɗan Barto a bakin iyakar Najeriya, ya san a-kori-kura. Ita ce jakin mutanen Dungu da sauran ƙauyukan gundumar Kantche a wannan zamani. Ita ke kwasar rake da wake da gero, sannan mata 'yan kasuwa su ɗare bisa kayan, kowacce da ƙullinta a cinya. Abin da da yawa daga masu hawanta ba su sani ba shi ne, irin wannan motar ce ta tarwatsa tankokin yaƙin Libiya a hamadar Chadi a shekarar 1987, har marubuta suka raɗa wa wannan gwabzawa suna Yaƙin Toyota.

Akwai littattafai jingim da aka rubuta kan tambaya guda: idan mai sulke ya taso wa mai ƙafa, wa zai kwana a filin? Turawa sun fi cika shafukansu da labarin Jamus da Rasha a Yaƙin Duniya na Biyu. To amma mai karatu ba ya buƙatar zuwa can, domin tambayar ta daɗe a ƙasar Hausa, tun ba a ƙera injin mota ba.

Tarihin sarakunan Kano ya nuna cewa Sarki Kanajeji, wanda ya yi mulki daga 1390 zuwa 1410, shi ya shigo da lifidi da sulke da kwalkwali cikin rundunar Kano. Lifidi riga ce mai kauri da ake cusa wa auduga a ɗinke, a rufe doki da ita, mahayin ma ya sa tasa, ta yadda kibiya sai ta maƙale a cikin audugar ba ta kai ga tsoka ba. Wato dai tankar yaƙin wancan lokaci ke nan. Kuma kamar tanka, ba kayan talaka ba ne. Kafin doki guda ya fita fagen fama sai an biya maɗinki da baduku da maƙeri, a tanadi ingarman da zai iya ɗaukar nauyin, a ajiye masu yi masa ciyawa da masu ɗebo masa ruwa. Wani masani ɗan Amurka, Joseph Smaldone, ya yi dogon bayani kan wannan tsari a littafinsa Warfare in the Sokoto Caliphate da ya fito a 1977. Wanda ya karanta shi da idon ɗan kasuwa zai ga cewa rabin yaƙin a rumfunan masu sana'a ake gama shi.

A watan Yunin 1804 aka gwada lifidin nan a Tabkin Kwatto. Sarkin Gobir Yunfa ya zo da dawakinsa masu lifidi, ga kuma Azbinawa na mara masa baya. Jama'ar Shehu Usmanu Ɗanfodiyo, a ƙarƙashin ƙaninsa Malam Abdullahi, dawakinsu ba su wuce 20 ba, saura duk dakaru ne masu kwari da baka. Gobirawa suka yi sukuwa suka afka musu, amma maharban suka ƙi watsewa, suka dunƙule wuri guda suna ruwan kibau har dawakin suka karaya. Yunfa ya tsere ya bar kayansa. Muhammadu Bello, wanda da shi aka yi, ya ba da labarin a littafinsa Infaƙul Maisuri. Wani abin lura da Smaldone ya nuna shi ne, waɗanda suka ci nasara da ƙafa ba su zauna a ƙafa ba. Da suka samu dawaki da dukiya, su ma sai suka koma masu lifidi.

A nan gida kuwa, mutanen Dungu ba baƙi ba ne ga wannan labari, domin ƙasarsu na tsakanin Damagaram da Daura da Kano, hanyar da fatake da mayaƙa suka riƙa bi. Sarkin Damagaram Tanimu, wanda ya rasu a 1884, ya gane da wuri cewa doki kaɗai ba zai wadatar ba. Ya sayo bindigogi ta hannun fataken da ke ratsa Sahara daga Tarabulus, ya sa maƙera suka zuba masa igwa a cikin Zinder, ya kuma ƙarfafa ganuwar birni. Marigayi Farfesa André Salifou, haifaffen Zinder, ya tattara wannan tarihi a littafinsa na Faransanci kan daular Damagaram a ƙarni na 19, wanda aka buga a 1971. Duk da wannan shiri, a watan Yulin 1899 rundunar Sarki Amadu Kuran Daga ta haɗu da sojojin Faransa a Tirmini, yamma da Zinder, bindiga mai saurin ɗuri ta yi rinjaye, birnin ya faɗa hannun Nasara.

Kanawa ma sun ɗanɗana irin wannan a watan Fabrairun 1903. Bayan Turawan Ingila sun shiga Kano, rundunar da ke dawowa daga Sakkwato a ƙarƙashin Waziri Ahmadu ta yi kiciɓis da wani hafsa mai suna Wright a wajen Kwatarkwashi. Mutanensa ba su kai 50 ba. Suka tsaya kafaɗa da kafaɗa suka fuskanci kusurwa huɗu, dawakin Kano suka yi ta kai hari suna faɗuwa, har Waziri ya rasa ransa a wurin. Jaruntaka kam ba a rasa ta ba a ranar. Audugar da ke tare kibiya ce ta kasa tare harsashi.

Yanzu mu koma Chadi, inda labarin ya fi kusa da zamaninmu. A farkon 1987 Kanar Gaddafi na riƙe da arewacin ƙasar da dubban sojoji da ɗaruruwan tankoki, akasari ƙirar T-55 ta Rasha, kowacce nauyinta ya kai tan 36. Sojojin Hissène Habré ba su da irin wannan ƙarfe. Abin da suke da shi shi ne motocin Toyota kimanin 400, da wani makami mai linzami na fasa tanka da ake kira MILAN, wanda Faransa ta ba su suka girke a bayan motocin. Ranar 2 ga Janairu, kwamandansu Hassan Djamous ya auka wa sansanin Libiya da ke Fada. Alƙaluman da littattafai ke kawowa sun ce Libiya ta yi asarar sojoji 784 da tankoki 92, Chadi kuma mutum 18 da motoci 3. Ya kamata mai karatu ya tuna cewa wanda ya ci yaƙi shi ke ƙirga gawa, amma ko an rage wani abu daga lissafin, kashin da Libiya ta sha ba ya ɓoyuwa.

A watan Maris Libiya ta yunƙuro don mayar da martani. Ta fitar da jerin gwanon tankoki daga babban sansaninta na Wadi Dum da nufin ƙwato Fada. 'Yan Chadi suka bar su suka yi nisa cikin rairayi, sannan suka yi musu kwanton ɓauna a Bir Kora, suka ɓullo musu ta gefe da ta baya. Kenneth Pollack, a littafinsa Arabs at War na 2002, ya bayyana yadda masu tankokin suka kasa juya bakin igwarsu da saurin da motocin ke zagaya su. Waɗanda suka tsira suka sheƙa da gudu zuwa Wadi Dum, 'yan Chadi suka bi sawunsu, suka ratsa filin nakiyoyi ta hanyar da masu gudun suka nuna musu ba da saninsu ba. Ranar 22 ga Maris sansanin ya faɗi da jiragensa da makamansa.

Sai dai littattafan kirki ba sa tsayawa a inda labari ya yi daɗi. A watan Agusta 'yan Chadi suka kama garin Awuzu, amma Faransa ta ƙi ba su kariya ta sama, kafin wata ya ƙare Libiya ta ƙwace shi, bayan ta koyi darasi ta fito da ƙananan motoci masu sauri tare da jiragen sama. An tsagaita wuta a watan Satumba, kuma ba bindiga ce ta raba gardamar Awuzu ba, Kotun Duniya ce ta ba Chadi gaskiya a 1994. Djamous da ya yi duk wannan aiki, a hannun gwamnatin da ya yi wa yaƙi ya mutu a 1989. Shi kuwa Habré, wata kotu a Dakar ta yanke masa ɗaurin rai da rai a 2016 saboda kisa da azabtar da jama'arsa.

A ganina, wurin da waɗannan littattafai suka fi shafar ɗan kasuwa shi ne batun hanya. Doki mai lifidi sai da dawa da ruwa, tanka sai da mai. A yaƙin basasar Najeriya, ranar 31 ga Maris 1968, 'yan Biyafara suka yi wa doguwar tawagar motocin runduna ta 2 ta Kanar Murtala Muhammed kwanto a Abagana, kan hanyar Onitsha. Makaminsu ya samu tankar mai, wuta ta bi motocin ɗaya bayan ɗaya. Alexander Madiebo, wanda ya shugabanci sojan ƙasa na Biyafara, ya ba da labarin yaƙin daga ɓangarensu a littafinsa na 1980, shekarar da Olusegun Obasanjo ya fitar da nasa, My Command, daga ɓangaren tarayya. Mai son gane abin da ya faru sai ya karanta su biyun, don kowa tsuntsunsa yake yabo. Amma matar da ke sarin kaya a Matamaye ba sai an karanta mata littafi ba kafin ta san abin da datse hanya ke jawowa. Ta gani a 2019 da Najeriya ta rufe iyakokinta, ta sake gani bayan juyin mulkin Yulin 2023 a Nijar, lokacin da motoci suka yi cirko-cirko a iyaka, farashin kaya ya tashi a kowane ɓangare.

Abin da ke ci mini tuwo a ƙwarya shi ne, in ban da na Bello da aka rubuta da Larabci, duk littattafan nan da Turanci ko Faransanci suke. Yaron da ke taya mahaifiyarsa jiran rumfa a Dungu zai iya kallon tankokin Rasha da Ukren suna ƙonewa a wayarsa, amma zai yi wuya ya samu labarin Tirmini, da ke cikin jiharsa, a rubuce da harshen da yake magana da shi. Marubuta sun kuma fi ba manyan hafsoshi fili, ba kasafai suke waiwayar direban da ya tuƙa tankar mai ko matan da suka daka garin guzuri ba. Lifidin kansa yana nan bai ɓace ba. Idan Sallah ta zo ana fito da shi a hawan sarakuna a Zinder da Daura da Kano, yara na bin dawakin da gudu suna sha'awar launukansa.