Musa Ɗanƙwairo: Makaɗin da ya taso cikin amshin 'yan'uwa

Fiye da shekara 30 bayan rasuwarsa, har yanzu da wuya a yi hawan Sallah ko naɗin sarauta a ƙasar Hausa ba a ji muryar Alhaji Musa Ɗanƙwairo Maradun ba.

A birnin Kano, daga teburan masu shayi na Ƙaura Goje zuwa rumfunan Kantin Kwari, ana sauraren waƙoƙinsa a rediyo da wayoyin salula, har ma a hannun matasan da aka haifa bayan ya bar duniya.

Sai dai kuma sunan mutum guda ake kira, alhali muryoyi da dama ake saurare. Abin da ya fi fito da waƙoƙin Ɗanƙwairo shi ne amshi, kuma wannan amshi a gida ya koye shi, a gaban mahaifinsa da kuma gefen wansa Abdu Kurna.

Gidan kiɗa

An haifi Musa Ɗanƙwairo a wajajen shekarar 1907 a ƙasar Bakura, wadda ke cikin jihar Zamfara a yanzu.

Mahaifinsa Usman Ɗankwanda makaɗi ne, haka ma kakansa, wanda ake kira Kaka Maiganga. Musa yana yaro mahaifin nasa ya koma ƙasar Maradun, inda ya zama makaɗin fada.

A irin wannan gida, ba a tambayar yaro ko yana sha'awar sana'ar. Da zarar ya yi wayo sai ya fara bin manya zuwa wurin kiɗa, yana ɗaukar kaya, yana saurare, daga bisani a sa shi cikin 'yan amshi.

Masu nazarin tarihinsa sun ruwaito cewa ya sami laƙabinsa ne daga wani mutum mai suna Ƙwairo da ke tare da mahaifinsa, wanda ya yi fice wajen zaƙin murya. Da aka ji muryar Musa ta yi kama da tasa, sai aka riƙa ce masa Ɗanƙwairo.

Ya fara ne da waƙoƙin noma, waɗanda ake yi wa manoma don zuga su a gona, kafin ya tsunduma cikin waƙoƙin sarauta.

Shekaru a bayan wansa

Bayan rasuwar Usman Ɗankwanda, jagorancin ƙungiyar ya koma hannun Abdu Kurna, domin shi ne babba. Ɗanƙwairo kuwa ya zama Daudun Kiɗi.

A tsarin makaɗan fada, Daudun Kiɗi shi ne mataimakin jagora. Shi ke jan 'yan amshi, shi ke riƙe waƙa idan jagora ya tsaya shan numfashi, kuma shi ake sa ran zai gaje shi.

Ɗanƙwairo ya daɗe a wannan matsayi, har ya manyanta yana amsa wa wansa waƙa, duk da cewa jama'a sun san irin baiwar muryar da Allah ya yi masa.

Wannan zama ne ya sa lokacin da ya kama jagoranci ya riga ya san aikin ɗan amshi ciki da waje: inda zai shigo, inda zai yi shiru, da yawan maganar da numfashinsa zai iya ɗauka.

Ba gidansu kaɗai ke da irin wannan tsari ba. Makaɗa Sa'idu Faru, wanda shi ma daga ƙasar Maradun ya fito, ya yi shekaru yana waƙa tare da ƙanensa Mu'azu.

Yadda amshin yake

Kayan kiɗan Ɗanƙwairo shi ne kotso, wata ganga mai tsukakken ciki da aka rufe bakinta guda da fata, ana rataya ta a kafaɗa, ana kaɗa ta da hannu. Kiɗa ne na sarakuna, kuma shi ne Ibrahim Narambaɗa ya yi amfani da shi a fadar Sarkin Gobir na Isa.

Kowace waƙa tana da gindi, wato layukan da ake komawa kansu, sannan tana da ɗiya, wato baitocin da ke ɗauke da yabo da zuga da habaici da tarihi.

A wurin wasu mawaƙa, aikin 'yan amshi bai wuce maimaita gindin waƙa ba. A wurin Ɗanƙwairo kuwa suna shiga har cikin ɗiyan waƙar.

Manazarta waƙar baka, musamman Farfesa Sa'idu Muhammad Gusau na Jami'ar Bayero ta Kano, sun rarrabe hanyoyin da ake yin haka. Akwai ƙari, inda jagora zai fara magana 'yan amshi su ƙarasa ta. Akwai rakiya, inda suke tafiya tare da shi murya ɗaya. Akwai karɓeɓeniya, inda ake miƙa wa juna waƙa, wannan ya saki wancan ya kama.

Duk waɗannan suna bukatar a haddace waƙa tun kafin a fito da ita, kuma kowa ya san lokacin da ɗan'uwansa zai ja numfashi. Idan mutum guda ya makara ko ya yi gaggawa, waƙar ta karye a gaban sarki da jama'arsa.

Mutanen da suka tashi a gida ɗaya, suna jin karin harshe ɗaya, suna cin abinci a kwano ɗaya, sun fi kowa sauƙin samun wannan jituwa. Shi ya sa da Ɗanƙwairo ya kafa tasa ƙungiya, 'ya'yansa da danginsa suka kasance ƙashin bayanta.

Haɗuwarsa da Sardauna

Sunan Ɗanƙwairo ya fita daga ƙasar Maradun ne a zamanin Sir Ahmadu Bello, Sardaunan Sakkwato, wanda ya zama Firimiyan Jihar Arewa a 1954.

Kamar yadda aka ruwaito, Sardauna ya nemi makaɗi daga Maradun a lokacin da siyasar jam'iyyar NPC ke kan ganiyarta. Abdu Kurna ne jagora, amma shekaru sun ja masa, don haka aka tura ƙanen.

Ɗanƙwairo ya yi wa Sardauna waƙoƙi da dama, kuma gidajen rediyo, musamman na Kaduna, sun kai su lunguna da saƙo na Arewa da ma Jamhuriyar Nijar. Mutanen Kano da Zariya da ba su saba da karin harshen Zamfara ba sun haddace su duk da haka.

Wannan zamani ya zo ƙarshe a ranar 15 ga watan Janairun 1966, lokacin da sojoji suka kashe Sardauna a Kaduna a juyin mulkin farko na Najeriya.

Bayan 1966

Ga makaɗin fada, rasa ubangida babbar jarrabawa ce, domin abincinsa da suturarsa da martabarsa duk suna rataye ne a wuyan wanda yake yi wa waƙa.

Ɗanƙwairo bai tsaya ba. Ya yi wa 'Yandoton Tsafe Alhaji Aliyu waƙoƙin da wasu ke ganin suna cikin mafiya ƙarfi a ayyukansa.

Ya kuma waƙe Sarkin Daura Alhaji Muhammadu Bashar, wanda ya yi sarauta daga 1966 zuwa 2007, da Sarkin Kano Alhaji Ado Bayero, wanda ya hau gadon sarauta a 1963 ya rasu a 2014.

Baya ga sarakuna, ya yi waƙoƙin faɗakarwa, ciki har da wadda ya yi a kan yaƙi da cin hanci da rashawa.

Allah ya yi masa rasuwa a watan Satumban 1991, yana da shekara 80 da 'yan kai. 'Ya'yansa sun ci gaba da kiɗan kotso da rera waƙoƙinsa a bayansa.

A wasu ƙasashe

Waƙar 'yan gida ɗaya ba a ƙasar Hausa kaɗai take ba. A Amurka, Michael Jackson ya fara ne yana yaro cikin ƙungiyar Jackson 5 tare da yayyensa huɗu. Ƙungiyar Bee Gees ta 'yan'uwa uku ce 'yan asalin Birtaniya.

A Najeriya ma an yi tagwayen nan Taiwo da Kehinde Lijadu, waɗanda suka yi tashe a shekarun 1970. Kehinde ta rasu a Amurka a 2019.

Bambancin shi ne, a waƙoƙin Turawa ana ɗora muryoyi ne bisa juna, wata sama wata ƙasa, a lokaci guda. A waƙar fada ta Hausa kuwa, gwanintar ta fi karkata ga yadda ake raba magana da miƙa ta tsakanin jagora da 'yan amshi ba tare da an ji gaɓa ba.

Halin da ake ciki

Tun daga shekarun 1990, lokacin da harkar finafinan Hausa ta bunƙasa a Kano, yawancin waƙoƙi sun koma ɗakunan ɗaukar sauti, inda fiyano da kwamfuta suka maye gurbin makaɗa.

Waƙar sarauta ba ta mutu ba, domin mawaƙa irin su Aminu Ala da Naziru Ahmad sun yi wa sarakuna waƙoƙin da suka karɓu. Amma a situdiyo mawaƙi na iya ɗaukar muryarsa sau da dama ya amsa wa kansa, ko ya ɗauko ɗan amshi na yini guda ya biya shi.

Hakan ya rage tsada da wahala, sai dai ya kawar da dalilin da ke sa yaro ya shafe shekaru yana tsaye a bayan mahaifinsa ko wansa.

Ga kuma matsalar 'yan bindiga da ta addabi jihar Zamfara fiye da shekara 10, wadda ta shafi yankunan Maradun da Bakura, ta raba mutane da ƙauyukansu, ta kuma takura tafiye-tafiye da tarukan da makaɗa ke samun abinci a cikinsu.

Faifan waƙoƙin Ɗanƙwairo dai suna nan a gidajen rediyo da intanet, kuma ɗalibai na nazarinsu a jami'o'in Kano da Sakkwato da Zariya. Abin da ya fi wuyar adanawa shi ne hanyar koyon amshin, wadda ba a rubuce take ba, kuma sai an zauna da masu ita ake samunta.