Giwar Asiya da Kunnuwan Aro

A shekarar 1932 kamfanin MGM na Amurka ya fitar da fim ɗin Tarzan, wanda labarinsa ya gudana a dajin Afirka. Sai dai horarrun giwayen da aka samu na Asiya ne, masu ƙananan kunnuwa. Masu ƙawata fage suka ƙera faffaɗan kunnuwa na jabu, suka maƙala musu.

Wannan dabara ba ta kamata ta ruɗi ɗalibin ilimin halittu ba. Ya dubi ƙarshen hanci: giwar Afirka, irin ta Yankari, tana da tsiro biyu kamar yatsu, ta Asiya kuwa ɗaya tak. Gadon bayan ta Afirka ya lotsa, na ta Asiya ya yi doro. Kunnen gaske kuma cike yake da jijiyoyin jini, da shi giwa ke fifita ta rage zafin jikinta. Na jabun nauyi kawai ya ƙara wa dabbar.