Kurungu, kifin da ke iyo a rigingine

Duk uwargidan da ta taɓa gyara kurungu ta san kaifin ƙayarsa, haka kuma duk masuncin da ya taɓa ciro shi daga raga ya san kukansa. Amma kaɗan ne suka san cewa a cikin danginsa akwai waɗanda ke yin rayuwarsu ciki sama, baya ƙasa.

Kurungu ɗan uwan tarwaɗa ne, ba shi da ɓawo a jiki. Masana suna kiran danginsa Synodontis, kuma sun ƙidaya iri fiye da 130, dukansu a ruwayen Afirka. Kansa yana da sulken ƙashi, bakinsa na da gashi shida waɗanda yake lalube da su cikin duhun ruwa. Yana da ƙaya uku, ɗaya a gadon baya, biyu a gefe. Idan ya ji tsoro sai ya miƙe su, su kafe, har babban kifi ya kasa haɗiye shi. Kukan nan da ake ji kuwa ba daga baki yake fitowa ba. Gindin ƙayar gefe ce ke gogar ƙashin kafaɗa.

Ɗaya daga cikin masu iyo a rigingine da ke ruwayenmu shi ne Synodontis batensoda, wanda masanin Jamus Rüppell ya bayyana a 1832. Ana samun sa a kogin Isa, da tafkin Cadi, da kogin Nilu, da na Senegal. Mutanen Masar na dā sun zana shi a rigingine a bangon kaburbura, fiye da shekara 4000 da suka wuce. Yana da ƙaramin ɗan uwa a kogin Kwango, Synodontis nigriventris, wanda bai cika kai santimita 10 ba. Ƴaƴan wannan suna fara iyo kamar sauran kifaye, sai sun yi kamar wata biyu sannan su juya.

Mene ne amfanin wannan juyi? Bakin kurungu a ƙasan kai yake. In ya juya, sai bakin ya fuskanci saman ruwa, inda ƙwari da ƙananan halittu suke taruwa. Haka kuma, lokacin da ruwa ya kwanta ya rasa iska, saman ne ya fi wadata da ita, sai ya shaƙa ba tare da wahala ba. Launinsa ma ya bi halinsa. Yawancin kifaye bayansu duhu ne, cikinsu fari. Shi kuwa cikinsa ne ya yi duhu, domin shi ne tsuntsu ke hange daga sama.

Haihuwarsa tana tafiya da damina. Idan kogi ya cika ya malala cikin fadamu, nan yake zuba ƙwai, nan kuma ƙananan suke samun abinci da maɓoya cikin ciyawa. Saboda haka duk abin da ya taɓa ambaliyar shekara ya taɓa kurungu. Tafkin Cadi, wanda fadinsa ya kai kimanin kilomita murabba'i 25,000 a 1963, ya janye ƙwarai bayan farin 1973 da na 1984, fadamu da yawa suka bushe.

Fari ba a hannun mutum yake ba, amma raga tana hannunsa. Raga mai ƙananan ido, balle gidan sauro da wasu ke jefawa cikin ruwa, tana kwashe ƴaƴan kifi tun ba su kai haihuwa ba. Wanda ya kama su bana, ya cinye bandar baɗi ke nan. Mai saye ma yana da tasa rawar: in ƙananan suka yi kwantai a kasuwar Gaya ko ta Difa, masunci zai daina wahalar kamo su.

Shawara ta ƙarshe ga uwargida: a fara datse ƙayoyin nan uku kafin a sa wuƙa, kuma kada a bar yara su yi wasa da mai rai, domin sukarsa tana da raɗaɗi.