Majigi: Abin da tsofaffin fina-finai marasa sauti suka adana na rayuwar Kano

Tun kafin a buɗe sinimar Rex a 1937, kyamara ta riga ta shiga Kano. An ɗauki hawan dabar da aka shirya wa Yariman Wales a 1925 a fim marar sauti.

Bayan kafa sashen fina-finai na gwamnatin mulkin mallaka a 1939 ƙarƙashin William Sellers, motocin majigi sun riƙa zagaya garuruwan Arewa. Da yake da yawa daga fina-finan ba su da murya, tafinta ne ke bayani da Hausa.

Farfaganda ce manufar Turawa, amma darajar hotunan a yau tana ga abin da kyamara ta kama a gefe: 'yan kasuwa, jakuna ɗauke da kaya, ƙofofin ganuwa da suturar talakawan da ba wanda ya rubuta sunayensu.

Sai dai zafi da danshi na cinye faya-fayan. Ko fim ɗin Shaihu Umar na 1976, wanda bai kai su tsufa ba, tsinto shi aka yi a wata tsohuwar ma'ajiya a Legas, aka gyara shi, kafin a sake nuna shi a Berlin a 2018.