Caroline Elkins: Masaniyar da ta tono asirin sansanonin Mau Mau

A shirye-shiryen talabijin na tarihi, masani yakan bayyana ne na 'yan mintoci, ya yi bayani, kyamara ta wuce. Sai dai wani lokacin binciken masanin ne ginshiƙin shirin baki ɗaya.

Haka lamarin yake ga Farfesa Caroline Elkins ta Jami'ar Harvard da ke Amurka.

Tun tana ɗalibar digirin digirgir ta fara bin diddigin sansanonin da Turawan mulkin mallaka na Birtaniya suka tsare 'yan ƙabilar Kikuyu a Kenya, lokacin dokar ta-ɓaci ta 1952 zuwa 1960, wadda aka kafa domin murƙushe tawayen Mau Mau.

Da ta tarar an ƙone ko an kwashe takardu da dama, sai ta shiga ƙauyuka tana jin ta bakin ɗaruruwan tsofaffin da suka tsira.

A 2002 BBC ta nuna shirin Kenya: White Terror, wanda ya dogara da bincikenta. Masu kallo a Birtaniya sun ga dattawa maza da mata suna bayyana irin duka da azabar da suka sha.

Littafinta Imperial Reckoning ya fito a 2005, ya kuma lashe kyautar Pulitzer a 2006.

Taƙaddama kan alƙaluma

Ba kowa ne ya gamsu ba. Hukumomin mulkin mallaka sun ce kimanin mutum 80,000 aka tsare, ita kuwa ta ce adadin ya kai tsakanin 160,000 da 320,000.

An fi sukarta kan yawan mamata, inda ta nuna cewa za su iya kaiwa dubban ɗaruruwa. Masanin ƙidayar jama'a John Blacker ya ƙiyasta kimanin 50,000.

Wasu kuma sun ce ta cika dogaro da abin da tsofaffi suka tuna bayan shekaru 50. Sukar alƙaluman tana da tushe, amma ta biyun ba ta daɗe ba.

A 2009 wasu dattawan Kenya suka shigar da gwamnatin Birtaniya ƙara a Landan. Elkins ta ba da shaida a matsayin ƙwararriya, tare da masana tarihi David Anderson da Huw Bennett.

Ana cikin shari'ar ne, a 2011, gwamnati ta amsa cewa tana ɓoye da dubban fayiloli na ƙasashen da ta yi wa mulkin mallaka a Hanslope Park. Takardun Kenya sun tabbatar da yawancin abin da tsofaffin suka faɗa, har da sanin da manyan jami'ai suka yi.

A watan Yunin 2013, sakataren harkokin wajen Birtaniya na lokacin, William Hague, ya bayyana nadama a gaban majalisa, ya kuma sanar da biyan fam miliyan 19.9, haɗe da kuɗin lauyoyi, ga mutum 5,228. Sai dai gwamnatin ba ta amince cewa doka ta ɗora mata alhaki ba.