Awon Ƙasa Kafin Gini a Birnin Zariya

Tun kafin zuwan Turawa maginan Zazzau suka san cewa ba kowace ƙasa ce take ɗaukar gini ba. Harshen Hausa kansa shaida ne, domin ya bambanta yashi da tsakuwa da yumɓu da marmara, kowanne da halinsa. Da irin wannan sani ne Babban Gwani Muhammadu Durugu ya tayar da Masallacin Juma'a na Zariya da ƙasa da azara, a zamanin Sarkin Zazzau Abdulkarimu (1834–1846).

Magini yakan gwada ƙasa da hannu: ya jiƙa ta, ya dunƙula, ya murza. In ta wargaje, yashi ya yi mata yawa. In kuwa ta tsattsage bayan ta bushe, to yumɓu ya rinjaya, sai a gauraya ta da yashi da ciyawa, a tattake, sannan a yi tubali.

Abin da hannun magini yake nema shi injiniya yake aunawa a ɗakin gwaji, irin na Jami'ar Ahmadu Bello da ke Samaru. Da farko akan tankaɗe ƙasa a jerin rariya don sanin girman ƙwayoyinta. Sannan akan murza jiƙaƙƙiyar ƙasa kamar igiya, a auna ruwan da ke cikinta lokacin da ta soma kakkaryewa a kaurin milimita 3. Wannan yana cikin gwaje-gwajen da suka samo asali daga aikin Atterberg, mutumin Suwidin, a 1911. Gwajin Proctor na 1933 kuwa shi ke nuna yawan ruwan da ƙasa take bukata ta daɓu sosai. A fili kuma akan haƙa rami, a buga bututun ƙarfe da guduma mai kilo 63.5, a ƙirga bugu nawa zai nutsar da shi santimita 30.

Amfanin awon fili a birni a bayyane yake. Kududdufan da aka haƙa wajen ɗibar ƙasar gini, da yawansu an cike su da shara an yi gini a kai. Irin wannan wuri yakan lotsa in ya sha ruwan damina, wani gefe fiye da wani, bango ya tsage, wani lokaci ya rufta a kan mutane. Hannun magini iyakarsa ƙasar da ya taɓa, alhali nauyin benen siminti yana kaiwa mitoci da dama ƙarƙashin harsashi. Saboda haka wajibi ne a auna wurin kafin a aza bulo.