Adeodatus: Sunan Latin mai tushe a Afirka

A cikin sunayen maza da harshen Latin ya bar wa duniya, kaɗan ne suka yi ƙaranci kamar Adeodatus. Ko a birnin Rum da wuya a ci karo da mai wannan suna a yau, sai dai a littattafan tarihi da jerin sunayen Paparoma.

To amma Bahaushen da aka fassara wa sunan ba zai ji shi baƙo ba, domin ma'anarsa ita ce "wanda Allah Ya bayar". Shi ne abin da Hausawa ke cewa Kyauta, Larabawa kuma su ce Ata'ullahi ko Hibatullahi.

Kusancinsa da sunayen Larabci yana da dalili. Kalmomin da aka haɗa shi da su na Latin ne, amma tunanin da ke cikinsa ya fi kafuwa a arewacin Afirka, a tsakanin mutanen da harshen kakanninsu dangin Larabci ne da Ibrananci.

Yadda aka ƙera sunan

Kalmomi uku aka haɗa suka zama Adeodatus. Ta farko ita ce "a", wato daga. Ta biyu "Deo", wadda ta fito daga "Deus", wato Allah. Ta uku kuma "datus", wato abin da aka bayar.

Wannan kalma ta uku ba baƙuwa ba ce a bakinmu. Daga gare ta aka samo "data", wadda masu wayar salula ke saye kullum don shiga intanet. Asalin ma'anarta a Latin shi ne abubuwan da aka bayar.

Abin da ya bambanta sunan shi ne cewa kusan jimla ce guda, kuma ba haka Rumawa suka saba raɗa suna ba.

Namiji ɗan asalin Rum yakan ɗauki sunaye uku: na kansa, da na zuriyarsa, da na reshen gidansu, kamar Gaius Julius Caesar. Sunayen farko da aka fi amfani da su ba su wuce ashirin ba, wasunsu ma lambobi ne kawai, irin su Quintus, na biyar, da Sextus, na shida, da Decimus, na goma.

Suna na uku kuwa sau da yawa laƙabi ne da ya bi wani kaka har ya zama na gida. Rufus mai jan gashi ne, Calvus mai sanƙo, Naso mai babban hanci, kamar dai yadda ake kiran mutum Dogo ko Jatau. Rumawa mutane ne masu yawan bautar gumaka, amma ba su cika mayar da sunan ɗa ya zama furucin godiya ga abin bautarsu ba.

Gadon Kartaj

Mutanen Kartaj, tsohon birnin da kufansa ke bakin teku kusa da Tunis, babban birnin Tunisiya, su al'adarsu daban ce. Asalinsu Finisiyawa ne daga gaɓar ƙasar Lebanon ta yau, kuma sunayensu cike suke da ambaton abin bautarsu Ba'al, wanda Alƙur'ani ya ambata a labarin Annabi Ilyasu.

Sunan shahararren jarumin yaƙinsu Hannibal yana nufin tagomashin Ba'al. Akwai kuma Muttunbaal, wato kyautar Ba'al, sunan da aka samu rubuce a duwatsu da dama.

Rumawa sun rushe Kartaj a shekara ta 146 kafin haihuwar Annabi Isa (AS), daga baya suka sake gina shi a matsayin birninsu. Latin ya zama harshen mulki da kasuwa da makaranta, amma tsohon harshen ya ci gaba da rayuwa a ƙauyuka har ƙarni na biyar.

Masana tarihin sunaye da yawa na ganin cewa mutanen yankin sun sauya harshe ba tare da sun sauya al'adar raɗa suna ba. Sai suka riƙa fassara tsoffin sunayensu zuwa Latin, kuma da addinin Kirista ya bazu, aka cire Ba'al aka sa Deus.

Ta haka aka samu wasu sunaye da ba a cika jin irinsu a Italiya ba. Akwai Quodvultdeus, wato abin da Allah Ya so, wanda ma'anarsa ta zo daidai da Masha Allahu. Mai wannan suna shi ne bishop na Kartaj da ƙabilar Vandal ta kora bayan ta kama birnin a 439. Akwai Deogratias, wato godiya ga Allah, shi ma bishop na Kartaj, wanda ya sayar da kayan coci ya fanshi fursunonin da aka kwaso daga Rum a 455. Adeodatus ɗaya ne daga cikin wannan dangi.

Yaron da ya sa aka san sunan

Da ba don wani yaro da bai kai shekara ashirin a duniya ba, da wataƙila sunan ya tsaya a kan duwatsun kaburbura.

Mahaifinsa shi ne Augustine, wanda Kiristocin Yamma ke ɗauka a matsayin ɗaya daga cikin manyan malamansu. An haifi Augustine a 354 a garin Thagaste, wanda yanzu ake kira Souk Ahras a gabashin Aljeriya. Yana ɗan shekara 17 ya tafi Kartaj karatu, inda ya soma zama da wata mace ba tare da aure ba.

Dokar Rum ta san da irin wannan zama, musamman idan namiji ya fi macen matsayi, amma ba ta ɗauke shi aure ba. A 372 matar ta haifi ɗa namiji, aka sa masa Adeodatus.

A littafinsa mai suna Confessions, wanda ya rubuta wajen 397 zuwa 400, Augustine bai ɓoye cewa ba haihuwa ake nema a irin wannan zama ba, ko da yake in ɗa ya zo sai ya tilasta wa iyaye ƙaunarsa. Ke nan yaron da ba a roƙa ba shi aka kira kyautar Allah. A lokacin kuma uban bai karɓi baftisma ba, hasali ma bai jima ba ya shiga addinin Mani, inda ya shafe shekaru kusan tara.

Sun zauna tare da matar sama da shekara goma, ta bi shi har Italiya, inda ya samu babban muƙamin malamin balaga a birnin Milan a 384. A nan ne mahaifiyarsa Monica ta nema masa auren wata yarinya 'yar babban gida, wanda zai buɗe masa ƙofar muƙaman gwamnati.

Sharaɗin shi ne a rabu da uwar yaron. Aka mayar da ita Afirka a 385, ta bar ɗanta a hannun ubansa, ta kuma yi alwashin ba za ta ƙara sanin wani namiji ba. Augustine ya rubuta cewa rabuwar ta yi masa ciwo ƙwarai. Duk da haka, a cikin tarin rubuce-rubucensa bai ambaci sunanta ko sau ɗaya ba, kuma auren da aka kore ta dominsa bai ma yiwu ba. Wasu na cewa ya ɓoye sunan ne don ya rufa mata asiri, amma ko yaya aka duba, ita ce ta fi kowa asara a labarin.

A watan Nuwamban 386, a wani gidan gona da ke Cassiciacum kusa da Milan, Augustine ya shirya tattaunawa da 'yan uwa da ɗalibai kan ma'anar rayuwa mai daɗi. Da aka zo kan tambayar wane ne yake tare da Allah, ƙaramin cikinsu, Adeodatus, ya amsa da cewa mai tsarkin zuciya ne, kuma kakarsa Monica ta fi gamsuwa da amsarsa.

A daren bikin Ista na watan Afrilun 387, Bishop Ambrose ya yi wa uba da ɗa baftisma tare a Milan. Yaron na da kimanin shekara 15. A wannan shekarar Monica ta rasu a Ostia, tashar jiragen ruwan Rum, suna kan hanyar komawa gida. Da ta cika, yaron ya fashe da kuka, manya suka tsawata masa ya yi shiru.

Bayan sun koma Thagaste, Augustine ya rubuta wani ƙaramin littafi mai suna De Magistro, wato "Game da Malami", wanda hira ce tsakaninsa da ɗansa. Tambayar da suka tasa a gaba ita ce ko kalmomi na iya koya wa mutum wani abu.

Ɗaya daga cikin misalan da suka ɗauka shi ne tafiya. In wani ya tambaye ka mene ne tafiya, kana iya tashi ka taka ya gani. To idan ya tambaye ka alhali kana cikin tafiyar fa? In ka ƙara sauri don ka nuna masa, sai ya ɗauka tafiya ita ce gaggawa. Daga irin waɗannan misalai suka kai ga cewa malami tunatarwa kawai yake yi, fahimta kuwa daga cikin zuciya take zuwa, da hasken Ubangiji.

Augustine ya tabbatar daga baya cewa duk abin da aka jingina wa yaron a littafin nasa ne, kuma yana ɗan shekara 16 ya faɗe shi. Ya ce basirar yaron har tsoro ta riƙa ba shi, kuma shi bai da wani rabo a cikinta in ban da zunubin da aka same shi ta hanyarsa.

Adeodatus ya rasu jim kaɗan bayan haka, wajen 389 ko 390. Ubansa ya zama bishop na Hippo, wato Annaba ta yau, ya kuma rayu har 430.

Daga Rum zuwa fadar Faransa

Paparoma biyu sun ɗauki sunan. Na farko ya yi mulki daga 615 zuwa 618, shekaru kaɗan kafin Hijira, kuma an fi saninsa da Deusdedit, wato Allah Ya bayar. Na biyu ya riƙe muƙamin daga 672 zuwa 676, tun daga nan kuma ba a sake samun wani ba.

A zamanin na biyun ne al'amura ke sauyawa a ƙasar da sunan ya fito. Uƙuba bin Nafi'u ya kafa birnin Ƙairawan a 670, sannan Hassan bin Nu'uman ya kama Kartaj a 698. Sannu a hankali Larabci ya maye gurbin Latin, sunayen irin su Adeodatus suka ɓace daga yankin.

A Turai sunan ya rikiɗe bisa harsuna. Italiyawa suka ce Adeodato ko Diodato, Faransawa kuma Déodat da Dieudonné. Garin Saint-Dié da ke gabashin Faransa ya samo sunansa daga wani waliyyin Kirista na ƙarni na bakwai mai suna Deodatus, kuma a garin ne aka wallafa taswirar 1507 wadda ta fara kiran sabuwar nahiya da suna Amurka.

Wanda ya fi kowa shahara da sunan shi ne Sarki Louis na 14 na Faransa. Iyayensa sun yi aure a 1615, suka shafe shekara 23 ba magaji, sarauniya ta sha ɓari. Da aka haife shi a watan Satumban 1638 sai aka kira shi Louis-Dieudonné. Ya yi shekara 72 a kan karaga.

Halin da ke tattare da sunan

Littattafan sunayen jarirai na Turawa kan jingina wa kowane suna wasu ɗabi'u, a ce mai suna kaza haziƙi ne ko mai haƙuri, wani lokaci ta hanyar lissafin haruffa. Wannan ba shi da tushe a ilimi. Haziƙancin ɗan Augustine da daɗewar Louis a mulki ba su da wata alaƙa da haruffan sunansu.

Abin da sunan ke bayyanawa shi ne halin da iyaye suke ciki. Yawanci akan sa shi bayan dogon jira, ko bayan rasa 'ya'ya, ko kuma idan ɗa ya zo ba zato. Haka Kyauta yake a ƙasar Hausa, inda akan sa wa wanda aka samu bayan an daɗe ana nema.

Al'ummomi da dama sun yi wannan tunani, kowa da harshensa. Yahudawa na da Jonathan da Nathaniel, Girkawa na da Theodore, mutanen gabashin Turai na da Bogdan. Masana da yawa ma na ganin sunan birnin Bagadaza ya fito ne daga tsohon Farisanci da ma'anar kyautar Allah.

Adeodatus kansa, da tsayinsa da nauyinsa a baki, ya kusa fita daga amfani. Sai dai 'yan uwansa sun dawo Afirka ta hannun 'yan mishan, wannan karon kudu da Sahara. Deogratias suna ne da ake ji a Tanzaniya da Ruwanda da Burundi da Yuganda, Dieudonné kuma a Kamaru da Chadi da Kwango da Jamhuriyar Afirka ta Tsakiya, alhali a Faransa kanta ya ja baya.

Ɗaya daga cikin masu ɗauke da shi shi ne Dieudonné Nzapalainga, babban bishop na Bangui. Lokacin da rikici ya ɓarke a birnin a watan Disambar 2013, aka riƙa farautar Musulmi, shi ne ya ba shugaban al'ummar Musulmin ƙasar, Imam Oumar Kobine Layama, mafaka a gidansa na tsawon watanni. Su biyun, tare da wani fasto na cocin Furotesta, sun zagaya ƙasar suna kiran a daina zubar da jini. Paparoma Francis ya naɗa Nzapalainga kadinal a 2016, Imam Layama kuma ya rasu a 2020.